Sulke Mai Jiran Suna

Wannan labari ba na zamanin da ya wuce ba ne, na wani zamani ne da ke can gaba, bayan jikokin jikokinmu sun tsufa. A lokacin nan aka yi wani mayaƙi da ake kira Mai Sulke. Duk garin da ya ci da yaƙi, ba ya tambayar dukiya, ba ya tambayar makamai. Sai ya sa a fito da mutane fili a jera su, kowa ya zo gabansa ya kira sunansa da ƙarfi. In layi ya zo kan mata, sai ya karkata kai yana saurare, kamar mai jiran sallama daga zaure. In sun gama ya girgiza kai, ya ce a cinna wa garin wuta. Mutane suna cewa da mugunta aka haife shi. Ba haka ba ne. Ga yadda abin ya faro.

Wata shekara sama ta tsage, waɗansu baƙaƙen jirage masu girman duwatsu suka sauko daga bayan taurari. Babu mutum ko ɗaya a cikinsu, sai Rundunar Ƙarfe, sojojin da ba su da jini, ba sa barci, ba sa jin magiya. Suka ci manyan birane, suka juyo kan ƙananan garuruwa. Amma ba bindigoginsu ne suka fi firgita mutane ba. Akwai waɗansu a cikinsu da ake kira 'yan aron fuska. Sukan sace mutum a gona, su ɗauki kamanninsa da muryarsa har da irin tafiyarsa, ɗayansu ya dawo gida a madadinsa. Ya zauna da iyalinsa, ya gaisa da maƙwabta, ranar da aka ba shi umarni ya tashi ya buɗe wa 'yan'uwansa ƙofar gari. Saboda haka miji ya koma kallon matarsa ta wutsiyar ido, aboki ba ya juya wa aboki baya.

A cikin garuruwan da suka rage akwai Gangaren Baure. Rundunar Ƙarfe ta kewaye ganuwarsa ta zauna, tana jiran yunwa ta yi mata aiki.

Cikin masu tsaron ganuwar akwai wani saurayi, dogo, marar yawan magana. Sunansa na yanka Jafaru, amma kowa Nomau yake ce masa, don da damina aka haife shi. Shi ne ɗan farin wata mata mai suna Tasalla. Kamar yadda al'ada take, Tasalla tana kunyarsa, sai dai tata kunyar ta fi ta kowa a garin. Tun da aka yaye shi aka kai shi ɗakin kakarsa Iya, Tasalla ba ta taɓa kiran sunansa ba, ba ta taɓa kallonsa cikin ido ba. In dole ta ambace shi sai ta ce "na Iya". Iya ta daɗe da rasuwa, amma har ya yi gemu na Iya ne. Tana da wani ɗan ƙulli a bakin zanenta wanda ba ta rabuwa da shi, in tana daka yana bugun ƙafarta. Yara suka ce laya ce, ba wanda ya taɓa ganin cikinsa.

Da rumbuna suka kusa ƙarewa, sai Barde, shugaban masu tsaro, ya tara su ya ce, "Kowa ya san labarin Birnin Ƙasan Toka, inda aljanu suka ɓuya da maƙerarsu. An ce akwai sulken da ƙarfe ba ya iya tsayawa a gabansa. Ban ce gaskiya ne ba. Amma wa zai je?"

Nomau ya miƙe. Sai taubashinsa Cindo, ɗan kawunsa, mai yatsa shida a hannun hagu, shi ma ya miƙe yana kaɗe wando. Ya ce, "Ranka ya daɗe, bawana ba ya tafiya shi kaɗai. In aka bar shi, kansa zai sayar wa aljanun a kan ƙwaryar fura."

Ranar tafiya Nomau ya shiga gida sallama, Cindo na biye da shi. Suka tarar da Tasalla tana tankaɗe a gindin turmi. Nomau ya durƙusa.

"Inna, an tura mu. Ƙila mu dawo, ƙila kuma shi ke nan."

Ba ta ɗago ba. Ta jawo wani ƙunshi ta miƙa wa Cindo. "Cindo, ga ƙuli-ƙuli da garin gero, ku ci da abokin tafiyarka. Ka ce masa ya daina shan ruwa a tsaye, yana ƙulle masa ciki."

"Goggo, ga shi fa a gabanki," in ji Cindo. "Ko sai mun fita bayan gari in aiko masa da saƙon?"

"Rufe mini baki, ja'iri. Allah ya kiyaye hanya."

Nomau ya daɗe a durƙushe ko za ta ƙara wani abu. Rariya kawai ke motsi. Ya tashi ya fita.

Suka sulale ta tsohuwar magudanar ruwa da ke ƙarƙashin ganuwa, suka ɓulla bayan sansanin abokan gaba, suka nausa gabas. Tafiya ta kai su Filin Gilashi, inda wutar yaƙi ta narkar da rairayi ya daskare ya zama kamar madubi, iyakar ganin ido. A samansa shirwoyin ƙarfe ke shawagi. Ba sa ganin mutum, inuwarsa suke gani, in sun gan ta su sako wuta a kanta. Sai su Nomau suka riƙa fakewa cikin ramukan da bama-bamai suka haƙa, ba sa fitowa sai rana ta tsaya tsaka, inuwa ta shige ƙarƙashin ƙafa. Su yi ta gudu takalmansu suna narkewa, da zarar inuwa ta fara leƙowa su faɗa wani ramin. A haka suka ƙetare, tafin ƙafarsu duk ya saluɓe.

A bakin filin suka hango rijiya ƙarƙashin wata tsamiya, wata mata tana jan guga. Da suka matso, sai Nomau ya tsaya cak. Tasalla ce, da zanenta, da tsagarta, da ɗan karkacen kafaɗarta. Ta saki guga ta buɗe hannuwa, ta zuba masa ido.

"Nomau, ɗana! Zo nan, ɗana, ka sha wuya. Zo in ga ƙafar."

Nomau ya yar da bindigarsa ya nufe ta kamar wanda ake ja da igiya. Saura ƙiris ta rungume shi, sai ƙarar harbi ta tashi ta bayansa. Matar ta faɗi, kanta ya tsage. Babu jini, sai wayoyi da baƙin mai, da wata siririyar wuƙa da ta fito daga tafin hannunta.

Cindo ya sauke bindiga yana haki. "Kai wane irin dolo ne? Goggo ce za ta kalle ka cikin ido ta ce maka ɗana? Ko a mafarki!"

"Na san ba ita ba ce," in ji Nomau.

"Ka sani? To me ya kai ka?"

Nomau ya ɗauki bindigarsa. "Da ka bari ta ƙarasa maganar."

Cindo bai yi dariya ba. Daga nan tafiyarsu ta sake. Kowa ya koma tafiya gefe da gefe, ba mai yarda ya shiga gaba.

Suka iso Kogin Toka, wanda ba ruwa a cikinsa, toka ce mai zafi take malala tana tiriri. A bakinsa akwai wata ƙatuwar ƙwarya mai girman ɗaki, wani aljani yana tsaye a ciki. Fuskarsa shafe take kamar ƙwai, idonsa ɗaya ne, a tafin hannunsa yake. Ya ɗaga hannun ya dube su.

"Ya ku 'ya'yan Adamu, masu gajeren kwana da dogon buri, me kuke nema a inda ba a gayyace ku ba?"

Nomau ya rusuna. "Ya shugaban fito, muna neman Birnin Ƙasan Toka."

"Ku shigo. Amma ku sani ƙwaryata ba ta jin nauyin jiki, nauyin zargi take ji. Abin da kowannenku yake zargin ɗan'uwansa da shi, shi ne ladan fito. Ku zube shi, ko ku nutse da shi."

Suka shiga, aljani ya tura. Ba su kai tsakiya ba ƙwarya ta fara nutsewa, toka ta kawo bakinta, tana ƙona musu gwiwa.

Nomau ya ce, "Tun ranar da ka kewaya bayan dutse ka daɗe, nake zargin ba kai ne ka dawo ba. Kullum sai na ƙirga yatsunka."

"Ga su nan shida, sarkin wayo," in ji Cindo. "Ni ma nakan leƙa wuyanka ko zan ga waya."

Ƙwarya ta ɗan ɗago, ta sake yin ƙasa. Aljani ya juya idonsa kan Cindo. "Da saura a cikinka, mai yatsa shida."

Toka ta fara zubowa ciki. Cindo ya ce, "To, a yi haƙuri. Ina zargin ba don Gangaren Baure ka yi tafiyar nan ba. So kake ka koma a yi maka guɗa, Goggo ta fito cikin taro ta nuna ka ta ce nata ne. In aka ce ka zaɓa tsakanin garin da wannan, ban san wanda za ka ɗauka ba."

Nan take ƙwarya ta taso sama kamar busasshen ganye. Aljani ya ce, "Na farko ya biya da tagulla, na biyu ya biya da zinariya." Ya ci gaba da turawa har suka sauka.

A tsallake ƙasa ta buɗe baki, suka gangara. Sai ga birni a ƙarƙashin ƙasa, gidajensa suna rataye daga sama kamar saƙar zuma, fitilunsa ƙwari ne masu haske da aka ɗaure da zare. Suka ratsa kasuwar aljanu, inda ake kasa iskar damina a tulu, ana sayar da tsofaffin mafarkai a faifai. Kowane ɗan kasuwa ya kira su da muryar wani da suka sani, ba su waiwaya ba. Ƙarar guduma suka bi har ta kai su maƙera.

A can suka tarar da Uwar Zugazugi, shugabar maƙeran aljanu. Tsohuwa ce mai hannu huɗu, gashin kanta hayaƙi ne. Biyu suna zuga, biyu suna ƙira. A bayanta wani baƙin sulke yana tsaye shi kaɗai, ba kowa a ciki, ƙirjinsa yana ɗagawa yana sauka kamar mai numfashi.

"Na san abin da ya kawo ku," in ji ta. "Waɗanda suka kore ku daga gonakinku su suka kore mu daga tsamiyoyinmu. Ga sulken can. Ya daɗe yana jiran mai shi."

Cindo ya ce, "Ranki ya daɗe, a garinmu in mahauci ya ba ka nama kyauta, sai ka shinshina. Mene ne ladanki?"

Ta yi murmushi, tartsatsi ya zubo daga haƙoranta. "Ba na karɓar lada, ɗan Adam. Sulken ne yake karɓar nasa. Ku saurari sharuɗɗansa, don ba na son a ce aljan ya yi yaudara. Ƙarfinsa a inuwar mai shi yake. Duk abin da inuwar ta taɓa, mutum ne ko ƙarfe, zai ƙone, sai fa wanda ya riga ya kira sunan da za a hura wa sulken. Wanda ya kira sau ɗaya, ya tsira har abada. Bakin ƙarfe kuwa yana iya aron kowace murya, amma ba ya iya furta sunan da aka yanka wa rago, don an zubar da jini a kansa. Da wannan za ku gane naku. Sharaɗi na ƙarshe: mai sulke yana iya tuɓe shi duk sa'ad da ya so, muddin bai ɗanɗani jinin ɗan Adam ba. In ya ɗanɗana, sun zama fata da tsoka. Yanzu ka zaɓi suna, kowane ne, in dai na yanka ne."

"Wannan ai mai sauƙi ne," in ji Cindo. "Ɗauki nawa, Sha'aibu. A karo na farko bawa ya yi yawo da sunan ubangidansa."

Nomau yana kallon sulken. Ya ce, "Jafaru."

Zugazugi ya tsaya. Guduma ta tsaya. Tsohuwa ta sunkuyo ta dubi goshinsa.

"Ya kai ɗan Adam, ina ganin goshin da uwa ba ta shafa a gaban mutane. Kai ba ɗan fari ba ne?"

"Ni ne."

"To akwai harshe a gidanku da aka ɗaure da kunya tun ranar da ka faɗo duniya. Ka sake suna."

"Kunya zare ce," in ji Nomau. "In maganar rai ta zo, tsinkewa za ta yi."

"Mu aljanu mun ga duwatsu sun narke, mun ga teku ta ƙafe. Ba mu taɓa ganin wannan zaren ya tsinke don an ja shi da ƙarfi ba. Ka sake suna."

Cindo ya kama hannunsa. "Don girman Allah, Nomau. Na san abin da kake so. Ba ta haka ake samunsa ba."

Nomau ya fizge hannunsa. "Sau ɗaya ne. Kalma ɗaya. Jafaru."

Uwar Zugazugi ta ce, "Ku shaida, ya ku ma'abota wuta, na faɗa masa." Ta hura sunan cikin ƙirjin sulke. Sulken ya buɗe ya haɗiye Nomau, ya rufe har fuska, idanu kawai ake gani. Cindo ya ja da baya ya ce, "Jafaru," murya ƙasa-ƙasa, kamar mai kiran sunan mamaci.

Fikafikai suka fito daga bayan sulken. Nomau ya ɗauki Cindo, suka keta ƙasa suka fito, suka wuce Kogin Toka da Filin Gilashi kafin a dafa tuwo. Shirwoyin ƙarfe da suka biyo inuwarsa suka riƙa zubowa kamar fara.

Da hantsi suka iso Gangaren Baure. Nomau ya ajiye Cindo a kan ganuwa, ya tashi sama ya tsaya tsakanin rana da sansanin Rundunar Ƙarfe, ya buɗe fikafikai. Inuwarsa ta faɗa kan sansanin. Motocin yaƙi suka narke, manyan bindigogi suka lanƙwashe, sojojin ƙarfe suka ƙone a tsaye ba ko ƙara. Ya yi ta kewayawa yana jan inuwar kamar mai shara, har babu abin da ya rage sai hayaƙi.

Mutane suka ɓarke da guɗa. Amma Cindo ya tare su a ƙofar gari ya bayyana musu sharaɗin. Barde ya ce, "To ai an sami maganin abin da ya hana mu barci. Kowa ya fito, kowa ya wuce ta gabansa. Yau za mu san su wa muke kwana da su."

Bayan azahar Nomau ya tsaya a filin ƙofar yamma, ya ba rana baya, aka ja layi. Barde ya fara: "Jafaru!" Ya shiga inuwar ya fita lafiya. Liman ya bi, maza suka bi. Da aka zo kan mahaucin da kowa ke sayen nama wurinsa, sai ya buɗe baki, muƙamuƙinsa ya riƙa kaɗawa, ba sauti. Aka tura shi cikin inuwar. Wuta ta tashi, wayoyi suka zubo. Mata suka sa ihu. Haka aka yi da mai tsaron ƙofar gabas. Haka aka yi da wata amarya, mijinta yana tsaye yana rantsuwa ita ce, har sai da ya ga baƙin mai yana bin ƙasa. Daga nan tausayi ya fita daga zukatan mutane. Duk wanda ya yi jinkiri ko na tari ne, sai a fara ja da baya daga gare shi ana nuna shi.

Ƙawar Tasalla, wadda ita ma ke kunyar Nomau don ƙawance, ta rufe fuska da mayafi ta faɗi sunan cikin sauri, ta wuce tana istigfari.

La'asar ta yi sanyi, layi ya ƙare. Saura mutum ɗaya. Tasalla tana tsaye nesa kaɗan, kanta a sunkuye, riƙe da ƙwaryar ruwa. Inuwar Nomau kuwa rana tana yin ƙasa tana ƙara tsawo, tana rarrafowa wajenta.

"Sannu da zuwa, na Iya," in ji ta, tana kallon ƙasa. "A ba shi ruwa, ya zauna ya sha."

Cindo ya ruga wajen Nomau. "An gama, tuɓe shi. Ko ka matsa gefe. Kowa ya san Goggo."

"Kowa ya san mahauci ma," wani ya faɗa daga cikin taro.

"Ƙawarta ai ta faɗa, ita me ya hana ta?"

"Ni dai tun shekaranjiya na ga tafiyarta ta sake."

"Kuma wannan ƙullin na zanenta, wa ya san abin da ke ciki?"

Nomau bai tuɓe ba, bai matsa ba. Ya ce, "Inna, kalma ɗaya ce. Ki faɗa."

"Kai ma ka san ba na iyawa."

"Kowa ya faɗa. Liman ya faɗa, yara sun faɗa. Ke kika haife ni."

Inuwar ta kusa yatsun ƙafarta. Cindo ya koma wajenta da gudu. "Goggo, ja da baya! Don Allah ja da baya, gobe a yi magana!"

Ta girgiza kai. "In na ja da baya, sai su ce uwarsa ƙarfe ce. Da wane ido zai zauna a garin nan?"

"To faɗi! Rufe ido ki faɗa, ni zan toshe kunnena!"

Ta buɗe baki. Leɓɓanta suka motsa, ba abin da ya fito.

"Kun gani!" aka yi ihu. "Irin na mahauci! Ƙarfe ce!"

Hannun Nomau ya riga ya kai ga maɓallin sulke a wuyansa. Da ya ji wannan ihun, sai hannun ya tsaya. Ya tuna matar bakin rijiya, da zanenta, da tsagarta, da karkacen kafaɗarta. In an ari fuskar sau ɗaya, me zai hana a sake? In kuwa ita ce, ai ga inuwa a ƙafarta, yanzu za ta faɗa. Ko ta wace hanya, in ya ƙara jira kaɗan zai sani. Ya sauke hannunsa.

Tasalla ta ga hannun ya sauka. Sai ta ɗago kai. Tun da aka haife shi, ranar ce ta fara kallonsa cikin ido. Ba fushi a fuskarta. Ta ture Cindo gefe, ta miƙo ƙwaryar ruwan da hannu biyu.

Inuwar ta taɓa ta.

Da wutar ta lafa, ba wanda ya yi motsi. Babu waya, babu baƙin mai. Jini ne yake bin ƙasa yana haɗuwa da ruwan ƙwarya. Bakin zanenta ya ƙone, ƙullin ya kwance, wani abu ya gangaro har gaban Nomau. Ɗan guntun ƙahon rago ne, ya yi sumul saboda yawan shafawa.

Ƙawar Tasalla ta durƙushe ta ɗora hannu a ka. "Na ragon sunansa ne. Ni na tsinto mata ranar suna, ta ce kada in gaya wa kowa. Ko wanka za ta yi yana jikinta."

Nomau ya kai hannu wuyansa zai ja maɓallin. Babu maɓalli. Ya sa farce ya yaƙushi ƙarfen, sai ya ji zafi kamar fatarsa yake yaƙusa. Ya yi wata ƙara da ta sa ganuwa ta tsage.

Cindo ya tuɓe rigarsa ya lulluɓe Goggonsa. Ya miƙe ya tsaya a gaban taubashin nasa. Ba wasa a bakinsa yau.

"Ka sami amsarka, Jafaru. Ni kuma na sami tawa, tun a cikin ƙwaryar Kogin Toka."

Ya ɗauki gawar ya shiga gari, bai sake waiwayowa ba.

Nomau ya tsugunna ya ɗauki ƙahon. Ya dubi mutanen da suka yi ihun ƙarfe ce, ɗaya bayan ɗaya. Duk sun riga sun kira sunansa, inuwarsa ba za ta ci su ba. Sai ya ɗauki garwashi daga sansanin da ya ƙona, ya cinna wa rumbunansu da hannunsa. Gangaren Baure, garin da ya ceto da hantsi, shi ne gari na farko da ya ƙona.

Daga nan ya bi Rundunar Ƙarfe gari-gari har ya ƙarar da ita, ya kakkaɓo jiragenta daga sama. Yaƙi ya ƙare, shi bai tsaya ba. Mayaƙa marasa gida suka taru a bayansa, suka zama runduna, ya juya kan biranen mutane. Ba ya yarda da kowa, ko na kusa da shi ba ya kwana inda yake. A duk ƙasar aka daina raɗa wa yaro Jafaru, ba kuma wanda ya sake jin an ce Nomau.

Waɗanda suka tsira daga hannunsa sun ce a wuyan sulken akwai guntun ƙaho a rataye. Sun ce in an jera mata suna kiran sunan, yakan riƙe ƙahon ya rufe ido. Dubbai sun kira, da kuka, da rawar murya, da tsawa. Yakan saurara har ta ƙarshe ta wuce, sa'an nan ya buɗe ido ya dubi bayan layin, ko da saura mutum ɗaya a tsaye da ƙwaryar ruwa.